Farfesa Akinwumi Isola (1939 - 2018)

Farfesa Akinwumi Isola malamin adabin Yarbanci ne, marubucin wasan kwaikwayo da ƙagaggun labarai, kuma ɗaya daga cikin malaman jami'a da suka kai iliminsu gidajen jama'a ta hanyar fim da talabijin.

Haihuwa da Karatu

An haife shi a birnin Ibadan, cikin Jihar Oyo ta yanzu, a shekarar 1939. Ya yi digirinsa na farko a harshen Faransanci a Jami'ar Ibadan, sannan ya sami digiri na biyu a adabin Yarbanci daga Jami'ar Legas a 1978. Ya koyar a Jami'ar Obafemi Awolowo da ke Ile-Ife, inda ya kai matsayin Farfesa a 1991. Duk da ƙwarewarsa a Turanci da Faransanci, ya zaɓi ya yi mafi yawan rubuce-rubucensa da harshen mahaifarsa, domin manomi da 'yar kasuwa su ji saƙon da kunnensu.

Littattafansa

Tun yana ɗalibi ya rubuta wasan Efunsetan Aniwura, wanda ya ginu a kan tarihin wata hamshaƙiyar attajira, shugabar matan Ibadan a ƙarni na 19, da yadda ta gallaza wa bayinta. A 1974 ya fitar da littafin O Le Ku, labarin soyayyar wani ɗalibin jami'a. Haka kuma ya fassara wasu ayyukan Wole Soyinka zuwa Yarbanci.

Fim da Talabijin

An mayar da wasanninsa da dama shirye-shiryen talabijin, amma sunansa ya fi bazuwa ta aikin da ya yi da mai shirya fim Tunde Kelani na kamfanin Mainframe. Fim ɗin Koseegbe (1995) labarin wani jami'in kwastan ne da ya ƙi cin hanci, aka yi ta ƙulla masa makirci. O Le Ku ya biyo baya a 1997.

Mafi shahara shi ne Saworoide (1999). A garin Jogbo, al'ada ta ɗaure kowane sarki da rantsuwa wadda ta haɗa kambinsa da wata ganga, ta yadda ba zai iya wawure dukiyar jama'a ya zauna lafiya ba. Sarki Lapite ya kauce wa rantsuwar, ya sakar wa kamfanonin katako daji, gonaki suka lalace. Sojan da ya hamɓarar da shi bai sauya hali ba, har ranar da aka buga gangar. Fim ɗin ya fito ne a shekarar da Nijeriya ta koma mulkin farar hula, don haka jama'a suka gane inda aka dosa. An ci gaba da labarin a Agogo Eewo (2002).

Karramawa da Rasuwa

An ba shi lambar yabo ta ƙasa ta masana a shekarar 2000. Ya rasu a Ibadan ranar 17 ga Fabrairu, 2018.