Samanja da Hausar Bakin Kwara

Usman Baba Pategi, wanda duk Arewa ta sani da Samanja Mazan Fama, ya rasu a Kaduna a watan Nuwamban 2023 yana da shekara 81. Banufe ne daga gidan sarautar Pategi, garin da ke bakin Kogin Kwara ƙasa da Jebba, kuma sojan gaske ne kafin ya zama sojan wasa. A shekarun 1970 shirinsa ya yi tashe a rediyon Kaduna da talabijin, inda yake fitowa cikin kaki yana daka wa kurata tsawa da Hausa gauraye da Turancin buroka. A ganina, abin da ya sa wasansa ya shiga zukata shi ne wannan harshe, domin Hausa ce mai asali da tarihi, wadda miliyoyin mutane ke yi amma ba a saba jin ta a bakin masu watsa labarai ba.

Mutanen Yawuri, su ma a bakin Kwara, sun fi kowa sanin haka. Tsohon lissafin nan na Hausa Bakwai ya ajiye Yawuri da Nupe a sahu ɗaya, cikin Banza Bakwai, wato ƙasashen da Hausa ta iske da harsunansu. Har gobe a ƙasar Yawuri Bagunge da Bakambare da Bashange kowa na da yarensa na gida, amma a kasuwar Yelwa ko ta Wara, wajen cinikin busasshen kifi da albasa, Hausa ce ke haɗa su. Da aka kammala madatsar ruwa ta Kainji a 1968, ruwa ya ci gungaye da dama, aka tashi dubban mutane zuwa sabbin matsugunai, Sarkawa da sauran masunta suka kwararo bakin tafkin. Cakuɗuwar ta ƙaru, Hausar hulɗa ta ƙara ƙarfi. A bariki ma haka abin ya faru tun da farko: rundunar da Lugard ya kafa a 1897 ta tara 'yan ƙabilu iri-iri, Hausa ta zama harshen da suke fahimtar juna da shi, Barikanci ya samo tushe. Samanja ya gaji waɗannan Hausoshi biyu, ta kogi da ta bariki.

Akwai masu cewa ya ɓata harshe, ya koya wa yara gwamutsa Hausa da Turanci. Damuwarsu na da dalili, amma sun ɗora laifin a inda bai dace ba. Mai sauraro ba zai yi dariyar karyayyiyar jimla ba sai in ya san miƙaƙƙiyarta. Dariyar kanta shaida ce cewa kunnensa na rarrabewa. Kuma ba Samanja ya ƙirƙiro wasa da harshen maƙwabci ba. 'Yan kama da 'yan gambara sun daɗe suna yi a kasuwa, ga kuma barkwancin da ke tsakanin Nufawa da Katsinawa. Sabon abin da ya kawo shi ne, wanda aka saba kwaikwayon Hausarsa ne ya karɓi fagen, yana ba da umarni.

Suka ta biyu ta fi nauyi: cewa shirin ya wanke sojoji a zamanin da suke mulki da doka-ta-ɓaci. Ba shakka gidajen da suka watsa shi na gwamnati ne, kuma bai taɓa manyan hafsoshi da mulkinsu ba. Sai dai a dubi wanda ake yi wa dariyar: mai igiya ne, mai kaki, wanda yake kumfar baki yana tuntuɓe da harshensa. A shekarun da murmushi a gaban soja a shingen hanya kan jawo wa mutum tsallen kwaɗo cikin rana, talaka ya samu ya zauna gaban akwati yana ƙyalƙyala wa kaki dariya, ba wanda ya ce masa kanzil.