Filin Jirgin Saman Kano: Daga Yaƙin Hitila Zuwa Hanyar Makka

Duk wanda ya fita daga birnin Kano ta Ƙofar Nassarawa, ya bar ganuwa a bayansa ya fuskanci gabas, to ya shiga yankin da Turawa suka zaɓa wa kansu mazauni tun bayan da suka ci birnin a watan Fabrairu na 1903. A nan Razdan ya zauna, a nan Ɗan Hausa ya buɗe makarantarsa a 1909, ta wannan nahiya kuma hanyar jirgin ƙasa ta iso a 1911, har ya zamana galibin baƙin al'amuran da suka auko wa Kanawa a wancan zamani, ta wannan ƙofa labarinsu ya fara ratsowa cikin gari. Jirgin sama ma bai saɓa wa wannan al'ada ba. Ranar 1 ga Nuwamba 1925, a ƙarshen zamanin Sarkin Kano Usman, jirage uku na sojan saman Ingila, waɗanda suka taso daga Helwan kusa da Alƙahira a ƙarƙashin wani hafsa mai suna Arthur Coningham, suka sauka a filin sukuwa, kasancewar ba a tanadi wani wurin saukar jirgi ba tukuna, shi kuwa fili ne shimfiɗaɗɗe wanda kofaton dawaki ya riga ya daddaɓe.

Abin da ya cancanci a tsaya a yi nazari a kansa shi ne hanyar da waɗannan jirage suka biyo. Sun bi kogin Nilu zuwa Hartum, suka juyo yamma ta ƙasar Kordofan da Darfur da Wadai, suka ratsa Fort Lamy, wadda ake kira Njamena a yau, suka shigo ta Borno. Wanda duk ya san tarihin aikin hajji a ƙasar Hausa ya san wannan hanya, domin ita ce kakanninmu suka riƙa bi a ƙafa da bisa jakuna, suna tafiya suna yada zango, su yi noma a nan damina guda, su yi ƙodago a can shekara biyu, har su kai gaɓar Bahar Maliya. Da yawansu ma ba su komo ba, zuriyarsu na nan a Sudan, a garuruwa irin su Mai Wurno, wanda jama'ar Sarkin Musulmi Attahiru suka kafa bayan yaƙin Burmi. Matuƙan Ingila ba su ƙirƙiro hanya ba. Zangunan da rijiyoyi da kasuwanni suka riga suka tabbatar tun ɗaruruwan shekaru, su ɗin ne suka zama masaukan jirage, saboda jirgin wancan lokaci, kamar ayarin fatake, ba shi da ikon yin doguwar tafiya ba tare da ya sauka an shayar da shi ba.

A 1936 kamfanin Imperial Airways ya fara zirga-zirga tsakanin Hartum da Kano, yana ɗaukar wasiƙu da fasinja kaɗan, daga bisani ya miƙa har Ikko. A wannan lokaci ne aka ware fili na musamman a arewa da birni, bayan Fagge da Sabon Gari, inda filin yake har yanzu. Da a ce zaman lafiya ya ɗore, la'alla da wurin ya daɗe yana ƙaramin masauki wanda jirgi ke leƙowa jefi-jefi. Amma sai ga yaƙin da mutanenmu suka laƙaba wa suna Yaƙin Hitila.

A watan Yuni na 1940 abubuwa biyu suka auku waɗanda suka juyo da fuskar yaƙin zuwa gare mu: Faransa ta faɗi a hannun Jamus, Italiya kuma ta shiga yaƙin a ɓangaren Hitila. Da haka Bahar Rum ya zama mahallaka ga jiragen ruwan Ingila, alhali kuwa rundunarta da ke tsaron Masar da mashigin Suwez tana matuƙar bukatar jiragen yaƙi. Idan kuwa aka ce a kewaya da su ta ƙarshen Afirka ta Kudu, tafiya ce ta makonni masu yawa. Dabarar da aka yanke ita ce a ɗauko jiragen a wargaje cikin manyan akwatunan katako, a sauke su a tashar Takoradi ta ƙasar Gwalkwas, wato Ghana ta yau, a harhaɗa su a can, sa'an nan matuƙa su tuƙo su zuwa Ikko, daga Ikko zuwa Kano, daga Kano zuwa Maiduguri, su bi ta Fort Lamy da Jinena da Fashir da Hartum har Masar, tafiyar da ta haura mil 3,500, wadda kan ci kamar kwana shida idan Allah Ya kiyaye. Ayarin farko ya tashi a watan Satumba na 1940, kuma kafin ƙarshen 1943 jiragen da suka bi wannan hanya sun haura 5,000.

Yadda ayarin ke tafiya abin lura ne. Jirgi guda mai inji biyu, galibi samfurin Blenheim, shi ne madugu, domin shi ke ɗauke da masanin hanya da na'urar sadarwa. Ƙananan jiragen faɗa irin su Hurricane, kamar shida, suna biye da shi a jere, ba su da abin dogaro sai ganinsa da ido. Saboda haka ne hazon hunturu ya zama musu abokin gāba mafi tsanani, domin idan ƙura ta rufe sama, matuƙi ya ɓace wa madugunsa, to sai dai ya yi ta lalube har mai ya ƙare masa. Har farin fenti ake shafa wa bayan jiragen, domin idan ɗaya ya faɗi a daji masu nema su iya hango shi daga sama. Tsakanin Ikko da Kano kuwa tafiya ce ta fiye da mil 500 bisa kurmi da duwatsu, don haka saukar Kano ta zama wajibi: a nan ake kwana, a nan makanikai ke duba inji su fitar da yashin da ya shige shi, a nan ake ɗura man da jirgin ƙasa ya hauro da shi daga bakin teku. Man Maiduguri kuwa a kan manyan motoci ake kai shi, tun da layin dogo bai kai Borno ba sai 1964.

Kada mai karatu ya zaci Kano tana nesa da haɗari a wannan lokaci. Ƙasar Nijar tana hannun gwamnatin Vichy mai biyayya ga Jamus, Damagaram kuwa ba ta fi mil 150 daga Kano ba. Iyakar da 'yan'uwa na jini ke ƙetarawa don biki da kasuwa ta koma iyakar abokan gāba, fataucin da ke tsakanin Kano da Maradi da Damagaram ya shiga ƙunci. Abin da ya ceci hanyar baki ɗaya shi ne matsayin da gwamnan Chadi, Félix Éboué, baƙar fata ɗan asalin Guyana ta Faransa, ya ɗauka a watan Agusta na 1940, sa'ad da ya bi Janar de Gaulle ya juya wa Vichy baya. Da bai yi haka ba, da babu ta inda jirgi zai ƙetare daga Borno zuwa Darfur. Jamusawa sun san muhimmancin wannan zango, har a watan Janairu na 1942 suka aiko jirgi guda ya ratso Sahara ya jefa bama-bamai a Fort Lamy, ya ƙone man da aka tara. Wani ikon Allah kuma, Coningham ɗin nan da ya sauka a filin sukuwa a 1925, shi ne ya zama kwamandan sojan saman Ingila a hamadar Masar da Libiya tun 1941, wato jiragen da ke kwana a Kano hannunsa suke zuwa, da su kuma aka yi yaƙin El Alamein a ƙarshen 1942.

Shigowar Amurka ta ƙara wa filin girma. Tun 1941, kafin ma ta shiga yaƙin a fili, kamfanin Pan American ya karɓi aikin gyara masaukan wannan hanya, daga baya sojan Amurka suka karɓa da kansu. Nasu jiragen daga Natal ta ƙasar Brazil suke tasowa su ƙetare tekun Atlantika, kuma da yake masu ƙaramin tanki ba za su iya ƙetarewa a tashi ɗaya ba, sai aka nemi wurin hutu a tsakiyar ruwa. Aka dace da tsibirin Ascension, wani dunƙulen dutse mai aman wuta da ya daɗe bai yi aman ba, mallakar Ingila, wanda ba shi da ƙorama ba shi da inuwar kirki. A 1942 sojojin injiniya na Amurka suka fasa duwatsunsa cikin kamar wata uku suka shimfiɗa filin da aka kira Wideawake, inda babbar fitinarsu ta zama tsuntsayen teku da ke ƙwai a ƙarshen titin jirgin. Daga wannan tsibiri jirage ke zuwa Accra, daga Accra su yo Kano, su wuce Hartum, wasunsu har Indiya da Sin. Ashe ke nan Kano da wancan dutse na tsakiyar teku zango biyu ne a kan hanya guda.

Sai dai makomarsu ta bambanta, kuma a ganina wannan bambanci shi ne zuciyar al'amarin. Da yaƙi ya ƙare Amurkawa suka bar Ascension a 1947, suka komo bayan kamar shekara goma don bin sawun makamai masu linzami da suke gwaji, sa'an nan a 1982 Ingila ta mai da shi madogararta a yaƙin da ta yi da Ajantina kan tsibiran Falkland. Fili ne da ba ya farfaɗowa sosai sai da dalilin soja, saboda babu wata babbar al'umma a bayansa. Na Kano kuwa yana jingine da birni mai kasuwar Kurmi da dalar gyaɗa ta wancan zamani da malamai da attajirai, birnin da mutanensa suka gāji tafiya tun kaka da kakanni, don haka da soja suka janye, ba a rasa masu karɓa ba.

Farko kamfanonin Turai ne suka amfana. Jiragen BOAC da Sabena da KLM, masu zuwa Ikko da Kwango da Afirka ta Kudu, dole su sha mai a Kano bayan sun ƙetare Sahara, KLM ma tun 1947 ta fara sauka. Hotunan wancan zamani sun adana mana wani abu mai ban sha'awa: mutum bisa raƙumi a gefen fili, da doguwar kakaki a hannunsa, yana busawa idan jirgi ya doso, domin masu ratse da dabbobinsu su kauce daga titin. Kayan busar da aka sani da shelar fitowar sarki, shi aka ɗora wa shelar saukar jirgi. A 1957 aka buɗe sabon ginin tashar, shekara guda bayan haɗarin jirgin BOAC na 24 ga Yuni 1956, wanda ya faɗi jim kaɗan da tashinsa cikin hadari, mutum 32 suka rasu.

Amma babban amfanin da talakan ƙasar nan ya gani a filin shi ne hajji. A 1948 wasu attajiran Kano, Alhaji Mahmud Ɗantata da Alhaji Haruna Kassim da Alhaji Ibrahim Musa Gashash, suka kafa ƙungiyar jigilar alhazai ta Afirka ta Yamma, suka fara da motoci ta hanyar Sudan, daga baya aka koma shatar jiragen sama. Tafiyar da ke cin shekaru, wadda mutum ke yin wasiyya ya raba gādo da bakinsa kafin ya kama ta, ta dawo ta yini guda. Haƙiƙa wannan sauyi ya taɓa addini da zamantakewa fiye da yadda ake zato: tsoho mai rauni da mace mai iyali, waɗanda a dā sharaɗin iko ya ɗauke musu farali, suka sami hali; littattafai da ra'ayoyin malaman Hijaz da Masar suka riƙa isowa cikin jakar alhazai kowace shekara; rakiyar maniyyata da taryar alhazai suka zama wani biki na kansu, inda dangi ke kwana a sansani suna jiran a kira sunan jirgi. A wannan hanya ce kuma aka ga musiba mafi girma a tarihin filin, ranar 22 ga Janairu 1973, sa'ad da jirgi ƙirar Boeing 707 da ya ɗauko alhazai daga Jidda ya yi haɗari wajen sauka ya kama wuta, mutum 176 suka riga mu gidan gaskiya. Allah Ya jiƙansu da rahama.

Soja ma ba su rabu da wurin ɗungum ba, kuma amanar tarihi ta hana a tsallake abin da ba shi da daɗin faɗa. Ranar 1 ga Oktoba 1966 sojojin bataliya ta biyar suka yi tawaye, suka kashe 'yan ƙabilar Ibo da ke filin, ma'aikata da masu jiran jirgin da zai kai su gida. Zalunci ne da babu wani uzuri da zai wanke shi, yana kuma cikin abubuwan da suka ingiza ƙasa zuwa yaƙin basasa. Da yaƙin ya ɓarke a 1967, a Kano aka sauke jiragen MiG da Tarayyar Sobiyet ta aiko wa gwamnatin tarayya. Har yau sojan saman Nijeriya na da sansani da makarantar horar da matuƙa a gefen filin.

Fitowar manyan jirage masu iya tafiya daga Turai har kudancin Afirka ba tare da shan mai ba ta rage wa Kano matsayinta na zangon dole, kamfanonin waje suka riƙa janyewa ɗaya bayan ɗaya, har KLM ta daina zuwa a 2012. 'Yan ƙasa ne suka cike giɓin gwargwadon iko, tun daga Kabo Air da Alhaji Muhammadu Adamu Ɗankabo ya kafa a 1980, filin kuma aka sa masa sunan Malam Aminu Kano, wanda ya rasu a 1983. Mas'alar da ta fi damuna a yau ita ce ta ƙasa. Filin da aka ware a bayan gari, cikin gonaki, yanzu gari ya kewaye shi ta kowace fuska, jirgi na tashi bisa rufin gidaje da makarantun allo. Ranar 4 ga Mayu 2002 jirgin EAS ya faɗa unguwar Gwammaja jim kaɗan da tashinsa, ya hallaka na cikinsa da mutane masu yawa da ke zaune a gidajensu, waɗanda ba su sayi tikiti ba, ba su yi niyyar tafiya ko'ina ba. Wajibi ne hukumomin ƙasa da na tsara birni su tsare ragowar sararin da ke gaban titin jirgin da bayansa, su daina ba da izinin gini a cikinsa.