Matsayin uwa a tatsuniyoyi da labaran soyayya na Indonesiya

A Indonesiya, ƙasar da ta fi kowace yawan Musulmi a duniya, uwa tana da babban matsayi a tatsuniyoyi da littattafan soyayya. Sau da dama bakinta ko danginta ne ke yanke makomar ɗa.

Tatsuniyar da ta fi shahara ita ce ta Malin Kundang, daga ƙabilar Minangkabau ta yammacin tsibirin Sumatra. Ɗan wata matalauciya ne da ya tafi fatauci ta teku, ya yi arziki, ya auri ɗiyar manya. Da ya dawo gida sai ya ji kunyar tsummokaran uwarsa, ya ce bai san ta ba. Ta yi masa baki, ya rikiɗe ya zama dutse. Har yau ana nuna wa baƙi wani dutse mai siffar mutum a durƙushe a gaɓar Air Manis, kusa da birnin Padang. A yammacin Kalimantan ma akwai irinta, Batu Menangis, wato dutse mai kuka: budurwa ce ta ce wa mutane uwarta baiwarta ce.

A yammacin Java kuwa, Sangkuriang ya nemi auren Dayang Sumbi bai san ita ta haife shi ba. Ta gane shi da tabon da ke kansa, sai ta gindaya masa sharaɗin ya haƙa tafki ya sassaƙa jirgi a dare ɗaya, sannan ta yi dabara ya kasa. Ya shure jirgin don fushi, ya kife, ya zama dutsen Tangkuban Perahu da ke arewa da Bandung.

Wannan matsayi yana da tushe a al'ada. A wurin Minangkabau, dangantaka da gadon gida da gona ta wajen uwa suke bi. Littattafan soyayya sun nuna illar da hakan ke jawowa. A cikin Tenggelamnya Kapal Van der Wijck na malamin addini Hamka, wanda ya fara fitowa a 1938, an hana Zainuddin auren Hayati saboda uwarsa ba ƴar ƙabilar ba ce. A Salah Asuhan na Abdoel Moeis, na 1928, uwar Hanafi ce ta matsa masa ya auri Rapiah alhali Corrie yake so.

Ƙasar tana bikin ranar uwa kowace 22 ga Disamba, don tunawa da taron mata na farko da aka yi a Yogyakarta a 1928.