Wace ce Aicha Macky, mai ɗaukar fim ɗin gaskiya daga Damagaram?

Aicha Macky 'yar Nijar ce da ta yi suna wajen shirya fina-finan gaskiya, irin waɗanda babu 'yan wasa, mutanen da abin ya shafa ne da kansu a gaban kyamara. An haife ta a Damagaram, wato Zinder, a shekarar 1982. Ta karanci ilimin zamantakewar al'umma a Jami'ar Abdou Moumouni da ke Yamai, sannan ta tafi Jami'ar Gaston Berger a Senegal ta ƙaro ilimin shirya irin waɗannan fina-finai.

Fim ɗin da ya fito da ita shi ne L'arbre sans fruit na 2016, ma'ana itacen da ba ya 'ya'ya. Magana ce kan matan da ba su samu haihuwa ba da gorin da suke sha a gidan miji. Ita kanta tana cikinsu, kuma mahaifiyarta wajen haihuwa ta rasu. A wannan shekarar ya ci kyautar gwarzon fim ɗin gaskiya a bikin AMAA da aka yi a Fatakwal.

A 2021 ta fitar da Zinder, wanda ta ɗauka a unguwar Kara-Kara, inda a da can ake ware kutare. Samarin unguwar suna da ƙungiyoyi da ake kira "palais", kusan irin 'yan daba na Kano ko sara-suka na Bauchi. Kyamararta ta bi su wajen ɗaga ƙarfe, da fasa-ƙwaurin fetur daga iyakar Najeriya, har cikin gidan yari. Da Hausa suke magana, don haka mai kallo a Sabon Ibadan ko Agege ba ya buƙatar tafinta.

Salonta shi ne haƙuri. Ba ta ɗora muryar wani mai sharhi da zai gaya maka wane ne mugu. Takan daɗe tana zama da mutane har su saba da ita, ta jefa tambaya, sai ta yi shiru ta bar su su amayar da abin da ke cikinsu. A haka ne za ka ji tsohon ɗan daba yana faɗin ta'asar da ya yi wa mata da bakinsa, ba tare da an wanke shi ko an tsine masa ba.

Wannan ya shafe mu. Daga nan Lafiya har zangunan kudu, sau da yawa ba a tuna da unguwannin Hausawa sai rikici ya tashi, a zo a ɗauki hoton minti biyu a tafi. Aikin Aicha ya nuna cewa ɗan gida da ya iya saurare yana fito da abin da baƙo ba zai taɓa gani ba.