Alexei Sayle, ɗan barkwancin da ya juya ba'a kan masu mulki

Alexei Sayle ɗan wasan barkwanci ne na ƙasar Ingila, kuma marubuci, ɗan fim. An haife shi a birnin Liverpool ranar 7 ga Agusta 1952. Mahaifinsa ma'aikacin jirgin ƙasa ne, kuma iyayensa duka biyu ƴan jam'iyyar gurguzu ne.

Sana'arsa ita ce ta mutum guda da ke tsayawa gaban jama'a da makirfo, ya sa su dariya da baki kawai. Kafin zamaninsa, yawancin masu wannan sana'a a Ingila da baƙar fata, ƴan Pakistan, ƴan Ireland da surukai mata suke cin abinci. A watan Mayu 1979, watan da Margaret Thatcher ta hau mulki, aka buɗe gidan wasa na Comedy Store a unguwar Soho ta Landan, Sayle ne mai gabatarwa na farko. Shi da abokansa suka yi watsi da waccan ba'ar, suka koma kan gwamnati da masu hannu da shuni. Salonsa ba na lallashi ba ne: kai a aske, kwat ta matse shi, ga ihu da ashar. Ba kowa ke iya jurewa ba.

Talabijin ta BBC ta ƙara fito da shi a shirin The Young Ones (1982 zuwa 1984), sannan Alexei Sayle's Stuff daga 1988. A 1989 ya fito a matsayin sarki a fim ɗin Indiana Jones na uku. Daga baya ya karkata ga rubutu, har da tarihin ƙuruciyarsa, Stalin Ate My Homework, na 2010.