Yadda Teku Ta Ba Turawan Ingila Kalmomin Maye

Turawan Ingila ba su rasa kalmomin kwatanta wanda ya sha ya bugu ba. Tun a watan Janairun 1737 jaridar Benjamin Franklin ta birnin Filadelfiya, Pennsylvania Gazette, ta jera lafuzza fiye da 200 na wannan hali kaɗai. Yawancinsu sun mutu tare da zamaninsu. Daga cikin waɗanda suka yi tsawon rai kuwa, akwai waɗanda daga teku suka fito, kuma ba abin mamaki ba ne: sama da shekara 300 hukuma da kanta ke auna wa sojojin ruwan Ingila barasa kullum, kamar yadda ake auna musu abinci.

Tushen maganar ruwan sha ne. A jiragen da iska ke turawa, cikin gangunan katako ake ajiye ruwa, kafin 'yan makonni ya yi kore ya fara wari. Don haka ake ba kowane ma'aikacin jirgi galan guda na giya marar ƙarfi a rana, ita ma takan yi tsami da zarar an shiga yankin zafi. Da Ingila ta ƙwace tsibirin Jamaika daga hannun Sifaniya a 1655, sai hanya ta buɗe wa rum, barasar da ake dafawa daga ragowar ruwan rake. Ba ta lalacewa, ba ta cin wuri, ga araha, domin bayin da aka kwaso daga Afirka ne ke noman raken ba ko sisi. Rabon mutum ɗaya a rana ya kai wajen rubu'in lita, tsurarta. Wanda ya kwankwaɗi wannan da rana tsaka, shi ne kuma za a ce ya hau can ƙololuwar sandar jirgi ya naɗe ƙyalle alhali teku tana tumbatsa.

Wanda ya ga abin ya isa haka shi ne Admiral Edward Vernon, kwamandan da ya ci garin Portobelo da yaƙi a 1739. Ranar 21 ga Agusta 1740 ya ba da umarni a riƙa sirka rum da ruwa, kashi ɗaya na barasa, huɗu na ruwa, a raba sau biyu a rana a gaban jami'i. Ma'aikata ba su ji daɗi ba. Vernon yana da wata alkyabba da ya cika sawa, ta wani yadi mai kauri da ake kira "grogram", shi ya sa a bayan idonsa suke ce masa "Old Grog". Sai suka liƙa wa sirkakkiyar barasar laƙabinsa, ta zama "grog". Wanda ta yi masa yawa aka ce ya yi "groggy". Daga baya 'yan dambe suka ari kalmar don wanda ya sha naushi ƙafafunsa suka ƙi ɗaukarsa, yau kuwa ko wanda ya tashi daga barci kansa bai gama washewa ba haka yake cewa, ko da bai taɓa kusantar kwalba ba. Wannan Vernon ɗin dai shi aka yi wa takwara da Mount Vernon, gidan George Washington, saboda yayan Washington, Lawrence, ya yi aikin soja a ƙarƙashin Vernon.

Lafazin da ya fi ƙayatarwa a ganina shi ne "three sheets to the wind", domin ya nuna mutanen da suka zura wa mashayi ido suka ga jirgi a jikinsa. Turawa da yawa suna zaton "sheet" a nan ƙyallen jirgi ne, tunda da wannan kalmar suke kiran zanen gado. A bakin matuƙa, igiya ce, wadda ake ɗaurawa a kusurwar ƙasa ta ƙyallen, da ita ake jansa a saita shi daidai da iska. In ta kuɓuce, ƙyallen sai ya hau kaɗawa kamar shanya ranar iskar hunturu. Igiya ɗaya, jirgi ya ɗan karkace. Biyu, matuƙi ya fara kokawa da shi. Uku kuwa, jirgi ya daina jin magana, ya yi nan ya yi can, yana tangaɗi. Haka suka auna maye hawa-hawa: mai igiya ɗaya ya ɗan taɓa, mai uku sai an riƙe shi. Lafazin ya fito a wani littafi mai suna Real Life in London a 1821, Charles Dickens ma ya yi amfani da shi a Dombey and Son.

Akwai kuma "half seas over", wanda ya girmi waɗannan, ana faɗinsa ga wanda ya yi nisa amma bai kai gaci ba. Sai "Nelson's blood", wani sunan rum. Gaskiya ne an saka gawar Admiral Nelson a gangar barasa bayan yaƙin Trafalgar na 1805 don kada ta ruɓe kafin a isa gida. Amma cewa ma'aikata sun huda gangar sun zuƙe, wannan hirar matuƙa ce.

Hukuma ta daɗe tana ja da baya a hankali, ganin maye na cikin manyan laifuffukan da ake tsala wa ma'aikata bulala a kansu. An rage rabon da rabi a 1824, aka sake ragewa da rabi a 1850, ya koma wajen mililita 70. Da jirage suka cika da injuna da makamai masu linzami, sai aka ce hannun da ya taɓa kofin rum bai dace da su ba. Ranar 31 ga Yuli 1970 aka yi rabon ƙarshe, wasu ma'aikata suka ɗaura baƙin ƙyalle a damtse, wasu har da jana'izar wasa. Sojojin ruwan Kanada sun bi sahu a 1972, na New Zealand sai a 1990.

Umarni ɗaya ne ya tsira, "splice the mainbrace". Asalinsa gyaran wata babbar igiyar jirgi ce in ta tsinke, aiki mai wuya da ake ba waɗanda suka yi shi tukwicin ƙarin barasa. Igiyar ta tafi tare da jiragen ƙyalle, amma ana ba da umarnin a manyan bukukuwa, kamar yadda Sarauniya Elizabeth ta Biyu ta yi a 2012 da ta cika shekara 60 a kan gadon sarauta.