Hoton 'Yan Hauka da Ya Ci Lamba

Ku 'yan makaranta, mu nan ƙasar Kusada da Kankiya ba wanda bai san bori ba. To, a wajen 1925 wani sabon irinsa ya ɓullo a Filinge ta ƙasar Nijar, ana ce da shi Hauka, iskokinsa kuwa Gwamna ne da hafsoshin Turawa. 'Yan ci-rani suka kai shi Ankara. A can ne wani Bafaranshe, Jean Rouch, ya ɗauki hotonsu a 1954 da 'yar na'ura ta riƙewa a hannu, ya sa masa suna Les Maîtres Fous.

Da aka nuna shi a Faris, sai ɗaliban Afirka suka fusata, suka ce an tozarta baƙar fata. Ingilishi kuma suka hana nuna shi a ƙasashensu, don sun ga da su ake. Duk da haka ya ci lamba a Fenis a 1957, masu sinima suka koyi bin mutane da na'ura har inda su ke.

Umaru Ganda, mutumin Nijar, wanda ya fito cikin wani hoton Rouch a 1958, shi ya ci babbar lambar Wagadugu a 1972 da hoton da ya shirya da kansa.